Ƙarshen Tatsuniyar Haboba

A Sudan hutun makaranta da zafi yake zuwa. Muna gama jarrabawa, rana ta fara dukan rufin kwano kamar da gayya, sai mahaifiyarmu ta ɗaure mana kaya a tsohon zaninta, ni da ƙanena, ta ce gobe sai Aljirif, wurin kakarmu. Gidanmu a Alsawra yake, can arewacin Omdurman, inda unguwanni lamba ce sunansu. Mahaifinmu agashe yake gasawa a bakin titi, wato tsiren Sudan, ba shi da sukunin raka mu, don haka ita take kai mu. Mu hau hafla, wato ƙaramar bas ta haya, ta tsallaka da mu gada zuwa Khartoum, mu sauka mu canza wata. Kafin mu isa riguna sun manne mana a baya, amma da zarar warin hayaƙin tubali ya shigo ta taga, sai ƙanena ya miƙe tsaye a kan kujera yana ihu mun zo.

Kakarmu ce ta wajen uwa, amma ba mu taɓa ce mata Kaka ba. Haboba muke cewa, kamar sauran yaran Sudan. Ni kuma takwara take ce mini, saboda sunanta aka sa mini. Gajeriya ce, mai ƙarfin hannu, tana zaune tare da ɗanta, Kawunmu, wanda yake da kamina a bakin kogi, wato wurin da ake gasa jan tubali. Da asuba Kawu yake sauka da ma'aikatansa su kwaɓa laka, su zuba a ma'auni, su jera ɗanyen tubali a ƙasa sahu-sahu rana ta busar. Mu kuma mu bi gonakin gefen ruwa, mu tsinko lemun tsami da ba a aike mu ba, mu kori awaki daga cikin lalo, mu dawo ƙafafu baƙi ƙirin.

Abu ɗaya ne Haboba ba ta yi mana wasa da shi, shi ne kogi. Ta ce ruwan nan fuskarsa kwance take amma cikinsa gudu yake yi, kuma kowace shekara sai ya ɗauki ɗan wani. Da safe akwai manya a bakin ruwa, hankalinta kwance. Tsakanin azahar da la'asar ne abin yake damunta, lokacin da kowa ya shige inuwa, ko kare ba ya motsi, yara kuma suka ga babu mai ganinsu. To, dabararta ita ce tatsuniya.

A tsakar gidan akwai rakuba, rumfa ce ta itace da aka rufe da tabarmin kaba. A ƙarƙashinta akwai angarib biyu, gadajen nan na igiya, da randa a kan ƙarfe tana ɗigar ruwa a cikin kwano. Haboba takan yayyafa ruwa a ƙasa ƙura ta kwanta, ta kishingiɗa, ta kira mu da 'ya'yan Kawu da duk yaran maƙwabta da suke jin Hausa ko da rabi-rabi ne. Kafin ta fara sai ta ƙulla bakin mayafinta. Ta ce tatsuniya abar dare ce, wanda ya yi ta da rana ba tare da ya ɗaure ta ba, ɓata zai yi a kasuwa. Na taɓa tambayarta me ya sa ba ma jira dare.

Ta ce, "Da dare kogi ba ya kiran kowa, takwara. Ni kuma barci nake yi."

Tatsuniyoyinta da yawa, amma wadda muka fi nema ita ce ta yarinyar da ta rasa inuwarta. Yarinya ce ta je ɗiban ruwa da tsakar rana, ta sunkuya, inuwarta ta faɗa cikin kogi, sai wata ƙatuwar tarwaɗa ta taso ta haɗiye ta. Yarinya ta koma gida babu inuwa. Kaji suka ƙi bin ta, ƙawayenta suka guje ta, ita kuma ta ce ba za ta zauna ba sai ta karɓo abinta. Ta kama bin gaɓar ruwa, tana tafe tana waƙa. A nan Haboba takan gyara murya, ta yi ƙasa da ita:

"Tarwaɗa mai gashin baki,
Ina kika kai inuwata?
Rana ta take, gida da nisa,
Ina kika kai inuwata?"

Mu kuma mu amsa layin ƙarshe gaba ɗaya, har da waɗanda ba su san ma'anarsa ba.

Abin da ya sa muke son ta shi ne ba ta ƙarewa iri ɗaya. Wata shekara masunta suka kama tarwaɗar, aka kai ta kasuwar kifi a Omdurman, mai soyawa ya farka cikinta inuwa ta fito a guje ta manne a ƙafar yarinyar. Wata shekara wani tela ya ɗinka mata sabuwa da baƙin yadi, amma ta yi mata tsawo, sai da aka rage. Akwai ranar da inuwar ta dawo da kanta a cikin hafla, har kwandasta yana rigima da ita a kan kujera. Idan muka ce, "Haboba, bara ba haka kika ce ba," sai ta ce bara ma ai wata tarwaɗar ce.

Shekarar da nake son ba da labarinta, ina dab da gama firamare. Wata Juma'a Kawu ya dawo daga masallaci da baƙo, wani dogon saurayi siriri mai hula, riƙe da takalmansa da suka tsinke a hanya. Ɗalibi ne daga Nijar, daga ƙasar Damagaram, yana karatun addini a wata jami'a a Khartoum. Kawu ya ji shi yana tambayar hanya da Larabcin littafi, mutane suna ta murmushi, sai ya yi masa magana da Hausa. Kawu ya ce saura kaɗan yaron ya rungume shi a gaban jama'a.

Mun yi masa dariya ranar, ba kaɗan ba. Larabcinsa irin na mai huɗuba ne, Hausarsa kuma da sauri take fita, da wasu kalmomi da ba mu taɓa ji ba. Shi ma namu abin mamaki ya ba shi, yadda muke fara magana da Hausa mu ƙarasa da Larabci ba mu ma sani ba. Ya durƙusa har ƙasa ya gaida Haboba, ya ce mata Iya. Ta dube shi sama da ƙasa.

Ta ce, "Ɗan nan, ba sa ba ku abinci a makarantar ne?"

Ya ce, "Suna bayarwa, Iya. Wake ne da burodi da safe, da yamma kuma burodi da wake."

Ta tashi ta ɗora tukunya. Ta tuƙa tuwon dawa, ta kaɗa miyar busasshiyar kuɓewa, ta dama masa godo-godo, furar Hausawan Sudan, a babban kwano. Ya ci har gumi yana bin gemunsa, yana ci yana sa mata albarka. Daga ranar ya zama ɗan gida. Kowace Juma'a bayan salla sai ya biyo Kawu, ya ci, ya kwanta a inuwar katanga kusa da rakuba ya rufe fuska da hularsa har zafi ya sauka.

A irin wannan kwanciyar ce ya ji tatsuniyar. Haboba ta ƙulla mayafi, ta kai yarinya bakin kogi, tarwaɗa ta haɗiye inuwa, muna tsammanin baƙo barci yake yi. Tana fara waƙar sai muka ga hula ta zame. Ya tashi zaune. Da muka amsa layin ƙarshe sai muka ji murya mai kauri ta shigo cikin namu, kuma da muka tsaya shi bai tsaya ba, ya ci gaba da wani baiti da ba mu taɓa ji ba.

Haboba ta zuba masa ido. Mafici yana hannunta amma ta daina kaɗawa.

Ta ce, "A ina ka san wannan?"

Ya ce, "Kakata take yi mana, Iya, a garinmu. Tun ina ƙarami rabona da ita."

Ta ce, "Har ƙarshe take yi muku?"

Ya ce, "Har ƙarshe."

Sai ranar muka san abin da ba ta taɓa gaya mana ba. Iyayenta a ƙafa suka taso daga ƙasar Hausa da niyyar aikin hajji, suna tafiya suna tsayawa su yi noma su sami guzuri. A hanya aka haife ta. Sun iso nan bakin kogi ba da daɗewa ba mahaifiyarta ta kwanta ciwo, ta rasu tun Haboba ba ta yi famfara ba. Wata Balarabiya maƙwabciyarsu ce ta riƙe ta har ta girma, Hausarta ma sai da ta yi aure cikin dangi ta dawo bakinta sosai. Abin da ya rage mata na mahaifiyarta shi ne wannan tatsuniyar, ita ma ba duka ba, don barci yakan ɗauke ta kafin a kai ƙarshe. Abu na ƙarshe da take tunawa shi ne amsar da tarwaɗa ta ba yarinyar.

Ta ce, "Ce mata ta yi, je ki tambayi gawa. To, wanda aka aika wurin gawa ai ba dawowa zai yi ba. Na san yarinyar nan mutuwa ta yi. Shi ya sa ban taɓa kai yaran nan wurin ba, nake juya su ta wata hanya."

Na dubi ɗalibin. Na ga yana ƙoƙarin kada ya yi dariya a gaban babba, kuma idanunsa sun kawo ruwa.

Ya ce, "Iya, ba gawa ba ce. Gawo ne."

Ta ce, "Wane ne kuma Gawo?"

Ya ce itace ne. Ya fara kwatance da hannu: babba ne, da ƙaya farare, 'ya'yansa a murɗe, awaki suna rububinsu. Da damina, lokacin da kowane itace ya yi kore, shi sai ya zubar da ganyensa ya tsaya tsirara. Da rani kuma, da sauran suka bushe, sai shi ya yi lif da ganye.

Kawu yana alwala a bakin randa, yana jin mu. Ya ɗago da buta a hannu, ya kira mahaifiyarsa da Larabci ya ce, "Yumma, ai haraz yake nufi. Irin wanda yake bayan kaminata."

Haboba ta ce, "Haraz?"

Ta maimaita kalmar, sannan ta maimaita ta Hausar a hankali, gawo, gawo, kamar mai ɗanɗana gishirin miya. Duk rayuwarta da sunan Larabci ta san itacen. Ta sha shanya wanki a jikinsa, ta sha tsinto wa awakinta 'ya'yansa.

Ɗalibin ya tambaye ta ko ya ƙarasa. Mu yara mun ƙagu, ƙanena har yana jan mayafinta. Can ta gyara zama, ta sauko da ƙafafunta daga kan angarib, ta haɗa hannuwa a cinya kamar yarinya a gaban malami.

Ta ce, "Ƙulla bakin rigarka tukuna. Rana ce."

Ya ƙulla, ya faɗa mana. Tarwaɗa dai ta ji inuwar ta yi mata nauyi a ciki, sai ta amayar da ita a gindin gawo ta ce ya ajiye. Yarinya ta zo ta gaida gawo da ladabi ta nemi abinta. Gawo ya ce ga ta nan, amma yana roƙon alfarma: da rani matafiya da dabbobi suna zuwa gindinsa ba shi da abin ba su, ko za ta riƙa ara masa ita idan zafi ya yi? Yarinya ta ce ta yarda, amma da damina ya dawo mata da ita, don lokacin take zuwa gona tana son abokiyar tafiya. Suka shirya a kan haka. Shi ya sa har gobe gawo yake da inuwa da rani, da damina kuma ba shi da ita, ta koma wurin mai ita. Yarinya ta koma gida, kaji suka bi ta, ta girma ta yi aure ta haifi 'ya'ya.

Ƙanena ya ce, "Shi ke nan?"

Ya ce, "Shi ke nan."

Ƙanena ya ce da Larabci ta hafla ta fi daɗi. Aka yi dariya, har da Haboba, tana dariya tana share ido da bayan hannu.

Ta ce, "Ashe ba ta mutu ba. Ashe har 'ya'ya ta haifa."

Da aka yi la'asar, iska ta fara motsi, sai ta yafa tobinta, lafayar matan Sudan, ta ce in riƙe mata hannu. Ba ta cika sauka bakin kogi ba saboda gwiwa. Muka bi ta tsakanin sahun tubali, ma'aikata suna gaishe ta suna mamakin ganinta, har muka isa bayan kamina. Itacen yana nan inda yake kullum, jikinsa ya yi baƙi da hayaƙi ta gefe ɗaya, jakin wani mai ɗaukar tubali yana ɗaure a gindinsa. Babu wani abin kallo a jikinsa. Ta dafa shi, ta ɗaga kai ta dubi ganyen, sannan ta zauna a kan saiwarsa ta miƙe ƙafa. Ni ma na zauna. A gabanmu kogi ya janye ya bar yashi fari, wani mutum yana ban ruwa a fadamar albasa, rediyon wani yana tashi daga nesa.

Ta ce, "Ina jin muryar mahaifiyata, takwara. Siririya ce. Fuskarta ce ba na iya kamawa."

Na tsinci ɗaya daga cikin 'ya'yan itacen na ba ta. Ta juya shi a hannu, ta miƙa wa jakin, ya karɓa. Muka zauna har aka kunna wutar kamina, hayaƙi ya juyo ta wajenmu ya tashe mu.

Washegari da azahar muka taru muna jiran mu ji da wanne za ta ƙare. Ta yi mana na gawo, daidai yadda aka faɗa mata, ba ta ƙara ba ta rage ba. Kwana biyu bayan haka ta sake yi, sai ga gawo ya fara ciniki kamar ɗan kasuwa, yana cewa inuwar ta kwana a wurinsa sai an biya shi ladan ajiya da kofin shayi. Kafin hutu ya ƙare tela ya dawo cikin labarin, shi yake auna inuwar a raba ta biyu. Ɗalibin yakan saurara daga inuwar katanga yana girgiza kai.

Ya ce, "Iya, idan kakata ta ji wannan, cewa za ta yi kin lalata mata tatsuniya."

Ta ce, "Ka gaya mata tawa ta sha ruwan Nilu ne."

Hutu ya ƙare kamar yadda yake ƙarewa kullum. Hadari ya fara haɗuwa ta gabas, ruwan kogi ya juya ja ya fara hawa, Kawu ya kwashe tubalinsa zuwa tudu kafin ramukan laka su cika. Mahaifiyarmu ta zo ɗaukarmu. Haboba ta cika mana leda da gyaɗa soyayya da lemun tsami, ta raka mu bakin titi, ta tsaya har hafla ta juya kwana.

Da ɗalibin zai je gida ganin iyayensa, Haboba ta haɗa masa tsaraba ya kai wa kakarsa: zoɓo, da dabino, da turaren wuta irin na matan Sudan wanda ta haɗa da hannunta. Ba na nan lokacin, ina makaranta. Amma ina nan da ya dawo, don ya faɗo cikin hutun shekarar da ta biyo. Ya shigo da wani ƙulli a cikin tsumma, ya ajiye a gabanta ya ce saƙon kakarsa ne. Kakar tasa ta ce a gaida 'yar'uwarta ta gabas, a gaya mata turare ya iso, har maƙwabta suna zuwa roƙo. Ta kuma ce a gaya mata jikan nan nata bai iya ba da labari ba, ya manta da wurin da yarinya ta haɗu da makiyayi, in Allah ya haɗa su za ta faɗa mata da bakinta.

Allah bai haɗa su ba, amma Haboba ta ji daɗin saƙon ƙwarai, ta sa ya maimaita mata shi har ya gaji. Sannan ta kwance ƙullin. Kuka ce dakakkiya, kore shar, da daddawa baƙa a mulmule. Ta kai daddawar hanci ta shaƙa, ta lumshe ido, mu kuma muka toshe namu muka watse.

Ranar da kanta ta shiga madafa, ta hana matar Kawu taɓa tukunyar. Warin ya cika gida ya tsallaka katanga, har maƙwabciyarmu ta leƙo tana tambaya ko wani abu ne ya mutu a bayan randa. Haboba ta ce ta shigo ta zauna. Aka shimfiɗa tabarma a ƙarƙashin rakuba, aka zuba tuwo a babban faranti, maza nasu mata nasu. Maƙwabciyar ta sa hannu da ɗar-ɗar, ta kai baki, sannan ta matso kusa da farantin. Ni ma da na ce ba zan ci ba, sai da aka ƙara mini miya.